Vaire Masaƙiya

Vaire ɗaya ce daga cikin halittun da marubucin Ingila J. R. R. Tolkien (1892–1973) ya ƙago a duniyar labaransa mai suna Arda, kuma an san ta da laƙabin Masaƙiya, domin ita ce take saƙa duk abin da ya taɓa faruwa cikin zamani. Sunanta ma'anarsa ke nan a Quenya, harshen da marubucin ya ƙirƙira wa al'ummar Eldar, wato wasu halittu masu kama da mutane da ake kira Elves da Turanci. Tana cikin Valar, wato manyan ruhohi 14 da mahaliccin wannan duniya, Eru Iluvatar, ya danƙa wa kula da ita, maza 7 da mata 7. A jerin matan ita ce ta biyar, bayan Varda da Yavanna da Nienna da Este.

Mijinta shi ne Namo, wanda aka fi sani da Mandos, mai tsaron gidajen matattu a yammacin ƙasar Valinor. A littafin The Silmarillion, wanda ɗan marubucin, Christopher Tolkien, ya tace ya fitar a 1977, jimla guda kacal aka ware wa bayanin aikinta, amma jimlar tana da nauyi. An ce saƙe-saƙenta masu ɗauke da labari su ne suka lulluɓe bangon zaurukan Mandos, zaurukan da suke ƙara faɗi yayin da zamunna ke shuɗewa. Mai karatu na iya hango ruhin wanda ya mutu yana tafiya cikin waɗannan zauruka, yana ganin yaƙin da ya halaka shi da rantsuwar da ya karya a jikin ƙyalle, zare bayan zare, ba tare da an rage ko an ƙara ba.

A nan ne ta sha bamban da masu kaɗin ƙaddara na tatsuniyoyin Girka, inda Klotho take kaɗa zaren rai, Lakesis ta auna tsawonsa, Atropos ta tsinke shi. Vaire ba ta yanke wa kowa kwana, ba ta kuma tsara abin da zai zo. Hukunci da sanin gaba na mijinta ne. Ƙoshiyarta tana bin bayan abin da ya riga ya auku, saboda haka aikinta ya fi kama da na mai ajiye tarihi, kuma wannan ne ya ba shi daraja a labarin da kusan kowane abu mai kyau a cikinsa yake ƙarewa da lalacewa.

Inda aka fi jin muryarta shi ne al'amarin Miriel, matar Finwe, ɗaya daga cikin sarakunan Eldar, gwanar ɗinkin ado wadda ba ta da na biyu a cikin mutanenta. Bayan ta haifi Feanor sai ƙarfinta ya ƙare, ta kwanta a lambun Lorien, ruhinta ya bar jiki ya tafi Mandos, ya kuma ƙi dawowa. Rubuce-rubucen da aka tattara a Morgoth's Ring (1993) sun kawo muhawarar Valar kan ko Finwe zai iya sake aure, inda Vaire ta shaida cewa ta san ruhin Miriel sarai, ruhi ne mai ƙarfi da taurin kai wanda ba ya janye maganar da ya furta. Da aka kashe Finwe, wanda ya riga ya sake aure, ya amince ya zauna a Mandos har abada domin Miriel ta koma jikinta, tunda ba zai kasance da mata biyu a raye ba. Ita kuwa ba ta koma cikin danginta ba, sai ta shiga gidan Vaire, aka ba ta aikin saƙa tarihin zuriyar Finwe. Abin yana da sosa rai, domin uwa ce take zaune tana saƙa ɓarnar da ɗanta da jikokinta suka jawo, alhali ba ta da ikon sauya ko da zare ɗaya.

Siffar Vaire ba haka ta faro ba. A rubuce-rubucen farko da aka buga a The Book of Lost Tales (1983 da 1984), sunan na wata mace ce daga Eldar, matar Lindo, wadda take karɓar baƙi a gidan da ake ba da labarai, matar Mandos kuwa Fui Nienna ce. A can ne kuma aka sami masaƙan lokaci na ainihi, dattawa uku, Danuin da Ranuin da Fanuin, wato Yini da Wata da Shekara, 'ya'yan Aluin, wato Lokaci, waɗanda suka tufka igiyoyin da ido ba ya gani aka ɗaure rana da farin wata da su domin tafiyarsu ta daidaita. Daga baya marubucin ya watsar da dattawan nan, ya mayar da Nienna 'yar'uwar Mandos, sannan ya ɗaga Vaire zuwa sahun Valar ya miƙa mata masaƙar.