Nebula, gungun taurari da galaksi: hazo ɗaya da ya rabu gida uku

Tun daga watan Yulin 2022, lokacin da aka fara sakin hotunan madubin hangen nesa na James Webb, hotunan sararin samaniya suke ta yawo a WhatsApp da Facebook, ja da shuɗi da ruwan gwal, kamar an shanya atamfa. Kusan duk wanda ya tura sai ya rubuta "galaksi", ya bi da Subhanallah. Tasbihin daidai ne, sunan ne sau da yawa yake kucce masa. Wancan hoton mai kama da tsaunuka da ya fi kowanne yawo ba galaksi ba ne, nebula ce. Ban ga laifin kowa ba kuwa, don su kansu masana sun shafe ɗaruruwan shekaru suna kiran abubuwa uku mabambanta da suna guda.

Nebula kalmar Latin ce, ma'anarta hazo ko gajimare. A da, duk abin da aka hanga a sama cikin dare, wanda ba ɗigo ne mai kaifi kamar tauraro ba, kuma ba ya sauya wuri kamar Zara, sai a ce da shi nebula. Wani ɗan dishi-dishi ne kawai, kamar an goga alli da yatsa a kan allo.

A wani daren Nuwamba a Samaru, damina ta ɗauke, hazon hunturu bai sauko ba tukuna, ga shi an ɗauke wuta, muka shimfiɗa tabarma a tsakar gida ni da ɗan ƙanwata. Shi ya fara nunawa: "Kawu, ga kaza da 'ya'yanta can." Na ce ya ƙirga. Ya samu shida, ya rantse ya ga ta bakwai ta ɓace. Na miƙa masa ɗan madubin hangen nesa na hannu, mai ido biyu, ya ɗora, ya yi shiru, can ya ce, "Ai 'ya'yan sun fi ƙarfin kaza ɗaya."

Wannan shi ne kashi na farko, gungun taurari. Kaza da 'ya'yanta, wadda Larabawa ke kira Surayya, taurari ne fiye da dubu da aka haifa tare daga gajimare ɗaya kimanin shekara miliyan 100 da suka wuce, suna kuma tafiya tare. Nisansu da mu kusan shekarar haske 440. Shekarar haske awon nisa ce ba na lokaci ba: tafiyar da haske ke yi a shekara guda, yana gudun kilomita 300,000 a daƙiƙa. Akwai kuma wani irin gungun, dunƙulalle kamar curin fura, na tsofaffin taurari. Mafi girmansu a wajenmu shi ne Omega Sentauri, mai taurari kusan miliyan 10. Mu a Zariya, da yake muna kusa da digiri 11 arewa da tsakiyar duniya, muna iya ganinsa can ƙasa-ƙasa ta kudu a daren Afrilu da Mayu idan sama ta yi garau. Mutumin Landan kuwa ko zai kwana a waje ba zai taɓa ganinsa ba.

Galileo ne ya fara warware wannan kashin. A 1610 ya ɗora madubinsa a kan kaza, ya ga taurari fiye da talatin, ya kuma gano cewa farin zanen nan da ke ratsa sama a dare mai duhu tarin taurari ne da ido ba ya iya rabawa. Daga nan aka ɗauka kowane hazo haka yake, madubi mai ƙarfi kawai yake jira.

Abin dariya, mutumin da ya fi kowa suna a wannan fanni ba ya ma son waɗannan abubuwa. Charles Messier, Bafaranshe, maharbin taurari masu wutsiya ne. A 1758, yana neman dawowar tauraron Halley, ya ci karo da wani hazo da ya ruɗe shi, ya bi shi dare da dare ya ga ba ya motsi. Sai ya fara rubuta irinsu don kada su ƙara ɓata masa lokaci. Zuwa 1781 jerin ya kai 103, daga baya wasu suka cika shi 110. Yau ba kowa ne ya san taurari masu wutsiyar da ya gano ba, amma jerin abubuwan da suka dame shi kowa na amfani da shi. Duk inda ka ga M da lamba, sunansa ne: kaza da 'ya'yanta ita ce M45. Bayansa William Herschel da ƙanwarsa Caroline a Ingila suka tattara kusan 2,500, sannan a 1888 wani sabon babban jeri da ake kira NGC ya fito da 7,840.

Jeri dai ya yi tsawo, amma mene ne su? A 1864 William Huggins ya ratsa hasken wata nebula ta cikin gilashi mai rarraba launi. Hasken tauraro yana bazuwa kamar bakan gizo, wannan kuwa sai ya fito da 'yan layuka masu haske kawai, alamar iskar gas mai ƙuna. Ashe wasu hazon na gaske ne. Su ne kashi na biyu, kuma su kaɗai suka gaji sunan nebula a yau: gajimaren gas, galibi haidurojin, da ƙura, a tsakanin taurari. Wasu ɗakin haihuwa ne. In ka duba taurarin nan uku da suke a jere a daren hunturu, kusa da su akwai wani ɗan gajeren layi, na tsakiyarsa ba tauraro ba ne, nebular Oriyon ce, M42, inda ake haihuwar sababbin taurari yanzu haka. Wasu kuma kushewa ce. Wancan hazon da ya ruɗi Messier, M1, ragowar tauraro ne da ya fashe, wanda masanan ƙasar Sin suka rubuta ganinsa a 1054, har da rana tsaka ana hangensa na tsawon kwana 23.

Kashi na uku shi ya fi ba da wahala, kuma shi na fi so. A wannan daren na Samaru na nuna wa yaron wani wuri sama da kanmu, ɗan karkata arewa. Ya ce ba ya ganin komai. Na ce kada ya zuba masa ido kai tsaye, ya kalli gefe kaɗan, don gefen ido ya fi kama haske mai rauni. Sai ga shi, ɗan tabo mai tsawo kamar ƙwayar shinkafa. Wannan tabon ne Abdurrahman al-Sufi, masanin taurari a Isfahan ta ƙasar Farisa, ya bayyana a matsayin ɗan ƙaramin gajimare a littafinsa na taurari wajen shekarar 964, fiye da shekara ɗari shida kafin a ƙera madubin hangen nesa. Ita ce Andiromeda, M31.

A 1845 Lord Rosse a Ailan, da madubi mai faɗin inci 72, ya ga cewa wata nebula mai lamba M51 a murɗe take kamar gammo. Gardama ta tashi: irin waɗannan murɗaɗɗun a cikin gidanmu suke, wato tarin taurarin da ranarmu take ciki, ko wasu gidaje ne can daban? A Afrilun 1920 Harlow Shapley da Heber Curtis suka yi muƙabala a kai a birnin Washinton, aka tashi ba a daddale ba. Makullin yana hannun wata mata, Henrietta Leavitt, wadda tun 1912 ta nuna cewa akwai taurari masu ƙara haske suna ragewa, kuma tsawon lokacin da suke ɗauka yana faɗin ainihin ƙarfin haskensu. In ka san ƙarfin fitila, ka ga yadda ta dusashe, ka san nisanta. A Oktoban 1923 Edwin Hubble ya samu irin wannan tauraro a cikin Andiromeda da madubi mai inci 100 na Dutsen Wilson a Amurka. Lissafinsa ya ba shi kusan shekarar haske 900,000. Ya yi ƙasa sosai, don yanzu an san miliyan 2.5 ne, amma ko hakan ya isa ya fitar da ita daga gidanmu.

Galaksi ke nan: gari guda na taurari, biliyoyinsu, da gungunansa da nebulolinsa duk a cikinsa. Sunan daga kalmar Girkanci ta madara ya fito, saboda wancan farin zanen, wanda shi ne namu galaksin muke hangowa daga ciki. Rana, da kaza da 'ya'yanta, da nebular Oriyon, duk 'yan gari ɗaya ne. Andiromeda maƙwabciya ce. Shi kuwa Hubble, da ya raba gardamar, bakinsa bai taɓa sabawa da sabon sunan ba. Har ya rasu a 1953 nebula yake ce musu.