Waiwaye: Yadda sunan mutum yake shiga kundin sa ido ba tare da an saurare shi ba

Tun watan Agustan 2024, lokacin da aka kafa kundi na ƙasa a Nijar domin rubuta sunayen waɗanda ake zargi da hannu a ta'addanci, muhawara ba ta lafa ba a fadodin hira na Maraɗi, musamman tsakanin 'yan kasuwar da ke zirga-zirga ta Ɗan Isa zuwa Jibiya da mazauna karkarar Madarunfa da Gidan Rumji, inda kalmar "infoma" kaɗai ta isa ta ɓata wa magidanci suna. Mutane da yawa suna rikita irin wannan kundi da kasiye, wato takardar da ke nuna laifukan da kotu ta taɓa hukunta mutum a kansu, alhali kasiye hukuncin alƙali yake ɗauke da shi, shi kuwa kundin sa ido zaton jami'i yake ɗauke da shi.

Al'adar ta daɗe. A Indiya, dokar Turawan Ingila ta 1871 ta ɗauki wasu ƙabilu baki ɗaya a matsayin masu laifi tun daga haihuwa. A Faransa, dokar 1912 ta tilasta wa masu yawon ƙaura riƙe littafi mai ɗauke da awon jikinsu. A 1962 Kotun Ƙolin Indiya, a shari'ar Kharak Singh, ta haramta wa 'yan sanda ƙwanƙwasa ƙofar wanda ake sa wa ido cikin dare, amma ta bar kundin yadda yake.

Hukuncin da ba a cika ambata ba shi ne wanda wannan kotun ta yanke a shari'ar Malak Singh, a Disamban 1980. Wasu 'yan'uwa biyu daga Amritsar suka nemi a goge sunayensu daga kundin da ƙa'idojin 'yan sandan Punjab na 1934 suka tanada, ƙa'idojin da suka ba da damar rubuta duk wanda ake da ƙwaƙƙwaran zato cewa ya saba aikata laifi ko karɓar kayan sata, ko kotu ta taɓa ɗaure shi ko ba ta taɓa ba. Alƙalai suka ce hana aukuwar laifi aikin 'yan sanda ne, kundin kuma sirri ne, saboda haka ba dole ba ne a saurari mutum kafin a rubuta sunansa, domin sauraronsa zai tona asirin majiya. Sai dai suka ƙara da cewa jami'i ba shi da ikon rubuta wanda ya ga dama, kuma idan aka kai ƙara, kotu tana iya neman a nuna mata cewa zaton yana da tushe. Suka duba takardun, suka gamsu, suka kori ƙarar.

A nan gizo yake saƙar. Niyyar alƙalan ita ce sanya iyaka, amma tsarin da ya fito daga hukuncin ya bar mai ƙara yana musanta abin da bai gani ba. Alƙali yana tambaya ne ko akwai wani dalili a cikin fayil, ba ko dalilin gaskiya ne ba, kuma fayil ɗin yana hannun wanda ake ƙara. Tsegumin maƙwabcin da ake rigimar gona da shi, da zarar ya hau takarda, ya zama "bayanan sirri". Ko da Kotun Ƙolin Indiya ta ayyana sirrin mutum a matsayin haƙƙi na tsarin mulki a 2017, kundayen ba su gushe ba.

Nijar ba dokar Indiya take bi ba, amma abin da ta gada daga Faransa bai yi nisa da wannan ba: a wuraren da doka ta bar wa ma'aikaci zaɓi, alƙalin gudanarwa yakan tsaya ne kan hurumi da bin ƙa'ida da kuskuren da ya fito fili. Akwai dokar kare bayanan mutum tun 2017, sai dai ɗan kasuwar da aka riƙe katinsa a shinge aka ce ya jira, sau da yawa ba a gaya masa wace takarda ce ta tsayar da shi ba, ballantana lauyansa ya san abin da zai nemi kotu ta soke.