Damawa da kowa a aikin fasahar gajimare

Damawa da kowa a aikin fasahar gajimare batu ne da ya shafi su wane ne ake ɗauka aiki, nawa ake biyansu, da kuma irin zaman da ake yi da su a kamfanonin da ke ba da hayar kwamfutoci da ma'adanar bayanai ta intanet. A Amurka, inda manyan kamfanonin suke, an san batun da haruffa uku, DEI. Na farko yana nufin a tara mutane iri-iri ta fuskar jinsi da launin fata da addini da shekaru da nakasa. Na biyu adalci ne wajen albashi da ƙarin girma. Na uku kuwa shi ne wanda aka ɗauka ya zama ana jin ta bakinsa, kada ya zama ɗan rakiya.

Sunan gajimare ya samo asali ne daga zanen injiniyoyi, waɗanda sukan wakilta intanet da siffar gajimare. A zahiri gine-gine ne maƙare da kwamfutoci. Amazon ya buɗe sashensa na AWS ga jama'a a 2006, Google ya shigo a 2008, Microsoft ya fito da Azure a 2010, kuma su ukun ne ke riƙe da fiye da rabin kasuwar duniya.

Tarihi

Sana'ar gajimare gado ta ci daga tsohuwar sana'ar kwamfuta, har da irin mutanen da ke cikinta. Da fari rubuta manhaja aikin mata ne a wurare da dama, domin an ɗauke shi kamar aikin akawu, maza kuma suna can wajen ƙera injin. Mata shida ne suka fara tsara wa kwamfutar ENIAC aiki a Jami'ar Pennsylvania wajen 1945, cikinsu har da Jean Bartik da Betty Holberton, amma da aka yi bikin nuna injin a 1946 ba a gabatar da su ba. Grace Hopper, jami'ar sojan ruwa, tana cikin waɗanda suka share fagen COBOL, harshen rubuta manhaja na 1959, wanda har yau wasu bankuna ke amfani da shi.

A Ingila, Stephanie Shirley ta kafa kamfanin manhaja a 1962, kusan duk ma'aikatansa mata masu aiki daga gida saboda reno. Da ta ga ba a amsa wasiƙunta na neman kwangila, sai ta koma sa hannu da sunan namiji, Steve, aka fara amsawa. Abin mamaki, dokar hana wariyar jinsi ta 1975 ce ta tilasta mata ɗaukar maza.

Daga nan lamarin ya juya. A wajen 1984 mata ne suka karɓi kusan kashi 37 cikin 100 na digirin farko na kimiyyar kwamfuta a Amurka, kuma ba su sake kai wannan adadi ba. Zuwa wajen 2010 sun koma kusan kashi 18. Masana tarihi sukan kawo dalilai uku. Aikin ya yi daraja, albashinsa ya ƙaru, maza suka yi masa caa. Jarrabawar ɗaukar aiki ta shekarun 1960 ta riƙa fifita mai halin kaɗaici. Sannan kwamfutocin gida na shekarun 1980 an tallata su ne a matsayin abin wasan yara maza, sai yaro ya shiga jami'a da sabon hannu, yarinya kuma ta fara daga tushe. Cewa ba halitta ba ce ta kawo wannan, akan kafa hujja da ƙasashe irin su Malesiya da Indiya, inda kason mata a ajin kwamfuta ya fi na Amurka nesa ba kusa ba.

Ke nan a daidai lokacin da mata suka fi ƙaranci aka haifi sana'ar gajimare, kuma ma'aikatanta na farko ta ɗebo su ne daga masu kula da injina da layukan sadarwa, ɓangaren da maza suka fi kankanewa. Duk da haka akwai matan da ba a tarihin fannin sai da su. Radia Perlman ta ƙirƙiro a 1985 wata ƙa'ida da ke hana saƙo yin ta zagaye a layukan sadarwa. Diane Greene tana cikin waɗanda suka kafa VMware a 1998, kamfanin da ya yaɗa dabarar raba kwamfuta ɗaya ta yi aikin kwamfutoci da yawa, wadda ita ce ginshiƙin hayar gajimare. Ita ce kuma ta shugabanci Google Cloud daga 2015 zuwa farkon 2019.

Doka

Tushen doka a Amurka shi ne dokar 'yancin jama'a ta 1964, wadda ta haramta wariya a wurin aiki, da umarnin Shugaba Lyndon Johnson na 1965 da ya ɗora wa 'yan kwangilar gwamnati alhakin buɗe ƙofa ga kowa, kafin a soke shi a 2025. A Birtaniya, tun 2017 duk kamfani mai ma'aikata 250 ko fiye sai ya bayyana tazarar albashin maza da mata. Mai karatu a Najeriya zai ga kamar tsarin raba daidai ne na muƙaman gwamnatin tarayya. Akwai kama, amma a Amurka ware gurbi ga wani jinsi ko launi a kamfani haramun ne. Abin da aka saba shi ne sa buri da faɗaɗa wuraren neman ma'aikata.

Alƙaluma

Kamfanonin sun daɗe suna ɓoye alƙalumansu. A watan Mayun 2014, bayan matsin lambar 'yan fafutuka irin su Jesse Jackson, Google ya fitar da nasa: mata kashi 30 cikin 100 na ma'aikata, amma kashi 17 kacal a aikin fasaha, baƙar fata kuma kashi 2 a Amurka. Sauran kamfanoni suka bi sahu, nasu ma kusan haka. Bayan shekara goma mata a Google sun kai kusan ɗaya bisa uku, baƙar fata sun ɗan haura kashi 5. An motsa, amma tafiyar hawainiya.

Alƙaluman suna buƙatar a karanta su da lura. Yawanci na kamfani ne gaba ɗaya, ba a ware sashen gajimare. Na Amazon ya haɗa da dubban ma'aikatan sito masu ɗaure kaya, inda baƙar fata da 'yan asalin Latin Amurka suke da yawa, alhali a kujerun injiniyoyi da manyan manajoji ba haka abin yake ba. Ma'aikatan wucin gadi ma ba sa shiga lissafi, kuma a 2019 an ruwaito cewa a Google sun kai kusan 121,000, sun fi na dindindin yawa.

Shigowa da zama

Wata ƙofar shiga sana'ar gajimare ita ce takardar shaida. Mutum na iya cin jarrabawar AWS ko Azure ba tare da digiri ba. Shirin AWS re/Start, wanda aka fara a Birtaniya a 2017, yana horar da marasa aikin yi kyauta na kimanin mako 12. Sai dai kuɗin jarrabawa da dala ake biya, kuma tallan aikin sabon shiga sau da yawa yakan nemi gogewar shekaru.

Shiga daban, zama daban. Injiniyan gajimare yana zaman ko-ta-kwana, in injin ya tsaya da tsakar dare shi za a tasa, kuma wannan ya fi yi wa mai reno nauyi. A watan Nuwamban 2018 kimanin ma'aikatan Google 20,000 suka fice daga ofisoshinsu don nuna fushi kan yadda ake tafiyar da ƙarar cin zarafin mata. A 2022 kamfanin ya amince ya biya dala miliyan 118 don sasanta ƙarar wasu mata kan albashi. A 2018 kuma an ruwaito cewa Amazon ya watsar da wata manhajar tantance masu neman aiki, domin daga tsoffin takardun maza ta koyi aikin, sai ta riƙa rage wa mata maki.

Ta fuskar nakasa kuwa, Microsoft ya buɗe shirin ɗaukar masu lalurar otizim, wadda ke shafar yadda mutum ke mu'amala da jama'a, a 2015.

Afirka

A birnin Cape Town aka rubuta babban ɓangare na EC2, wato injin hayar kwamfutoci na AWS, ƙarƙashin Chris Pinkham. Amma sai a 2020 AWS ya buɗe cibiyoyinsa a birnin, shekara guda bayan na Microsoft a Afirka ta Kudu, Google kuma ya buɗe nasa a Johannesburg a 2024. A nan abin da ke raba mutane ya fi karkata ga wutar lantarki da kuɗin data da Turanci da biza. Kamfanin Andela, da aka kafa a Legas a 2014, ya shahara wajen haɗa injiniyoyin Afirka da kamfanonin waje, kuma fasahar gajimare na cikin darussan shirin 3MTT da gwamnatin Najeriya ta ƙaddamar a 2023.

Saɓani

Masu goyon baya suna cewa tsarin gyaran tsohuwar wariya ne, masu suka kuma suna cewa sabuwar wariya ce da ke tauye cancanta. A 2017 Google ya kori injiniya James Damore bayan ya rubuta cewa halitta na da hannu a ƙarancin mata. Bayan kisan George Floyd, baƙar fatar da ɗan sanda ya kashe a Amurka a 2020, kamfanonin suka yi ta alkawura, Microsoft ya ce zai ninka yawan manajoji baƙar fata a Amurka kafin 2025. A watan Yunin 2023 Kotun Ƙolin Amurka ta hana jami'o'i duba launin fata wajen ɗaukar ɗalibai. A Janairun 2025 Shugaba Donald Trump ya soke umarnin Johnson na 1965. Tun ƙarshen 2024 Amazon ya fara naɗe wasu shirye-shiryensa, Google kuma ya janye burinsa na ƙara ɗaukar ma'aikata daga rukunonin da suka yi ƙaranci a Fabrairun 2025, yana mai cewa shi ɗan kwangilar gwamnati ne.