Fim ɗin al'ada ba ya nuna komai da komai

A Sakkwato da yawa sun ɗauka duk abin da fim ɗin al'ada ya nuna, haka rayuwar mutanen take, tunda ba 'yan wasa aka sa ba. Wannan kuskure ne, kuma yana cutar da waɗanda aka ɗauka.

Wasan bori kan ci tsawon dare. Mai garaya na kaɗawa, mata na buga ƙwarya, ana kirari, ana jira. Idan mai tace hoto ya zauna gaban kwamfuta, sai ya yanke jiran, ya bar wurin da wani ya faɗi yana birgima. Mai kallo ya ga minti 3, ya yanke hukunci kan al'umma guda.

Ko Jean Rouch, Bafaranshen mai shirya irin wannan fim da ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, bai tsira ba. Fim ɗinsa na 1955 kan 'yan Hauka (masu wani irin bori da ke kwaikwayon Turawan mulkin mallaka) a Akara ya fusata 'yan Afirka da suka gan shi a Faris, domin sun ji tsoron Turawa za su ɗauke mu mahaukata. Daga baya ya yi suna da nuna wa mutane hotunansu, yana sauraron gyaransu. Wannan nake so matasanmu masu kyamara su riƙa yi kafin su ɗora a YouTube.