Minoru Chiaki

Minoru Chiaki (1917–1999), wanda sunansa na yanka Katsuji Sasaki, ɗan wasan fim ne ɗan ƙasar Japan. Galibin aikinsa na rufa wa jarumi baya ne, kuma an fi tunawa da shi saboda finafinai 11 da ya yi a hannun darakta Akira Kurosawa.

Tasowarsa

An haife shi a tsibirin Hokkaido da ke arewacin Japan, a ranar 28 ga Afrilu bisa mafi yawan bayanai. Da wasan daɓe ya fara, har ya kafa ƙungiyarsa mai suna Bara-za a 1946. A kan dandamali Kurosawa ya gan shi, wajen 1948, ya kuma sa shi a fim ɗin Nora Inu na 1949.

Aikinsa da Kurosawa

A Rashomon (1950) shi ne limamin addinin Buddha da ya fake wa ruwan sama a ƙarƙashin rusasshiyar ƙofar gari, wanda ƙaryar shaidu a shari'ar wani kisa ta kusa raba shi da yarda da ɗan Adam.

Rawar da ta fi fito da baiwarsa ita ce ta Heihachi a Shichinin no Samurai, wato Samurai Bakwai (1954), labarin samurai, mayaƙan Japan na dā, su bakwai da manoma suka ɗauka don su kare ƙauyensu daga 'yan fashi. Faskare aka tarar yana yi a bayan wani shago don a ba shi abinci. Ba gwanin takobi ba ne, amma aka ɗauke shi saboda raharsa, don ya riƙa faranta ran 'yan'uwansa idan abu ya yi tsanani. Shi ya haɗa tutar rundunar: da'ira shida a madadin samurai shida, da alama mai kusurwa uku ta Kikuchiyo, na bakwai ɗinsu, da harafin da ke nufin gonar shinkafa a madadin manoma. Shi ne kuma ya fara mutuwa cikinsu, harsashi ya same shi yana ƙoƙarin janye wani manomi daga sansanin 'yan fashi. Da wuya mai kallo ya manta shirun da ya biyo bayan jana'izarsa.

A 1957 ya fito a matsayin Miki, aminin da aka ci amanarsa, a Kumonosu-jo. Shekarar da ta biyo baya, a Kakushi Toride no San Akunin, shi da Kamatari Fujiwara suka fito a matsayin talakawa biyu makwaɗaita masu yawan cacar baki. Darakta George Lucas ya faɗa da bakinsa cewa daga wurinsu ya samo dabarar ba da labarin Star Wars ta idon mutum-mutumi biyu.

Ƙarshen rayuwarsa

Daga baya ya fi karkata ga talabijin. Shanyewar ɓarin jiki ta same shi a 1975, amma ya murmure ya koma aiki. A Hana Ichimonme (1985), inda a wannan karon shi ne jarumi, ya fito a matsayin tsohon malami mai cutar mantuwa, rawar da ta ba shi kyautar gwarzon jarumi ta Akademin Finafinan Japan.

Ya rasu ranar 1 ga Nuwamba, 1999, yana da shekara 82, shi ne na ƙarshe cikin samurai bakwai ɗin nan. Ɗansa Katsuhiko Sasaki ma ɗan wasan fim ne.