Me ya sa 'yan katun ke zazzaro ido haka?

Ɗan yayata ne ya tsare ni da tambayoyi a wani shagon aski a Agege, muna jiran layi yana kallon Tom and Jerry a wayata.

Kawu, tun yaushe aka fara wannan zare idon?

Tun fim bai da murya. A 1906 J. Stuart Blackton ya fitar da Humorous Phases of Funny Faces a Amurka, fuskoki ne da aka zana da alli a allo, suna murmushi suna juya ido. Har zuwa Felix the Cat na 1919 fim bebe ne, fuska ce ke magana. Duk wanda ya ga kwandastan danfo, motar haya ta Legas, a tashar Oshodi yana ciniki da fasinja daga nesa, hayaniya ta hana su jin juna, ya san wannan yaren.

To da murya ta zo me ya hana a daina?

Ta zo wa Mickey Mouse a 1928, amma masu zane sun riga sun gano cewa in aka kwaikwayi fuskar mutum daidai wa daida, zanen fitowa yake a sandare kamar gunki. Sai an ƙara gishiri yake yin rai. A kamfanin Disney mai zane kan ajiye madubi a teburinsa, ya yamutsa fuska, ya zana abin da ya gani, sannan ya matse nan ya ja can. Hoto 24 ne ke wucewa a daƙiƙa guda, don haka fuskar da ta miƙe kamar cingam kafin ka ƙyafta ido ta koma daidai.

Wa ya fi wuce gona da iri?

Tex Avery, mai shirya katun a kamfanin fim na MGM. A finafinansa haɓa kan faɗo har ƙasa, ido ya bar gurbinsa ya yi gaba, kamar na kerkecin Red Hot Riding Hood na 1943. Wannan kam ban nuna wa yaron ba, don ba yara aka yi wa shi ba. A ganina har yau ba a yi kamarsa ba.

Na Japan fa, masu dara-daran idanu?

Osamu Tezuka ya kai Astro Boy talabijin a 1963, kuɗi kaɗan, lokaci kaɗan. Sai aka rage yawan zane, aka ɗora wa ido nauyin nuna abin da ke zuci. Daga baya ɗigon gumi guda a gefen kai ya isa nuna kunya ko ruɗewa.

Nan wanzami ya ce layi ya zo kan yaron.