SQL Server ya daina aiki bayan kwana 180: bayananka ba su ɓace ba

Ana ta yaɗa cewa idan wa'adin SQL Server, manhajar Microsoft ta adana bayanai, ya ƙare, kamfanin zai goge duk abin da ke cikin rumbun bayanai. Masu asibitoci, makarantu da shagunan magani da manhajarsu ta dogara da shi sun tsorata, wasu har suna shirin biyan kuɗin "ceto". Babu gaskiya a wannan maganar.

SQL Server nau'i-nau'i ne. Nau'in da ke ƙarewa shi ne Evaluation, wato na gwaji, kuma wa'adinsa kwana 180 ne. Idan ya cika, manhajar ce kawai take ƙin tashi. Fayilolin suna nan a faifan kwamfutar. Ka sayi lasisi, ka buɗe manhajar girkawa, ka zaɓi Edition Upgrade, ka saka lambar makullin da ta zo da lasisin, aiki ya ci gaba daga inda ya tsaya.

Wani nau'in kuma, Express, kyauta ne, har a yi kasuwanci da shi, sai dai a fitowar 2022 kowane rumbu ba ya wuce gigabait 10.

Inda mutane suke faɗawa rami shi ne nau'in Developer. Shi ma kyauta ne, yana da duk abin da nau'in Enterprise mai tsada yake da shi, kuma ba ya ƙarewa. Saboda haka wasu masu girkawa suke saka wa abokan cinikinsu shi, su ce "ga cikakke, ba sai ka biya ba". Amma sharaɗinsa ƙarara yake: don ƙirƙirar manhaja da gwada ta ne. Ranar da aka fara rubuta sunan majinyaci na gaske ko cinikin gaske a cikinsa, an karya yarjejeniya, ko da yana tafiya lami lafiya. SQL Server ba ya neman a kunna shi ta intanet kamar Windows, don haka shirun da ya yi ba shaida ba ce cewa kana kan daidai. Kuma idan bincike ya zo, mai kamfanin za a tambaya, yaron da ya girka tuni ya kama gabansa.

Masu yarjejeniyar sayen lasisi masu yawa a lokaci guda sun amince Microsoft ya bincike su. Idan abin da ba a biya ba ya kai kashi 5 cikin 100, za a biya kashi 125 cikin 100 na farashin, da kuɗin binciken. A Najeriya ma, dokar haƙƙin mallaka ta 2022 ta kare manhajojin kwamfuta.

A ganina farashin ya yi wa ƙananan masu sana'a nauyi, musamman da ake lissafa shi da dala. Wanda ba zai iya ba, ya tambayi mai haɗa masa manhaja ko Express zai ishe shi, ko a mayar da shi kan PostgreSQL, wata manhajar adana bayanai da ba a biyan kuɗin lasisinta.